Shaidar da Na Bayar a Shari'ar Jikata

Ba zan taɓa mantawa da safiyar da na hau jirgin ruwa daga Staten Island zuwa Manhattan ba, sanye da babbar rigar da nake ajiyewa don Idi, ina ji a raina ni ne zan ceci jikata Hajara.

Hajara ta sami gurbin karatun likita a wata jami'a, bisa sharaɗin ba za ta sauya fanni ba. Da mahaifinta, wato ɗana, ya kwanta ciwo, sai ta koma wani fanni mai sauƙi na zango guda domin ta yi jinyarsa. Jami'ar ta ce Hajara ta karya sharaɗi, gurbin ya tafi, kuma ba za ta sake nemansa ba. Muka ɗauki lauya, wani mutumin Kumasi da ke da ofis kusa da mu a unguwar Stapleton, ya shigar da ƙara. Aikina ɗaya ne: in shaida cewa larura ce ta raba yarinyar da fannin, ba rashin so ba.

Lauyan ya ce a nemo mini tafinta. Na dube shi sama da ƙasa. Ni da na yi shekara talatin ina shugabancin makaranta a Zariya, ina gyara Turancin malamai da jan biro? (Da na yarda, wataƙila da tafintan ya tace maganata.)

"To Alhaji," in ji shi, "abin da aka tambaye ka kawai. Kar ka ƙara gishiri."

Inda muka je ba kotu ba ce ma, ɗaki ne mai dogon tebur. Aka rantsar da ni. Wata mata na gefe tana buga duk abin da aka faɗa a wani ɗan inji. Lauyar jami'ar ta yi mini murmushi, ta yaba rigata, ta ce ba ta taɓa jin Turanci mai tsabta irin nawa ba. Nan kaina ya kumbura.

Ta ce, "Kai da ka yi rainonta, tun tana ƙarama take sha'awar aikin likita?"

Mai karatu ya san yadda kaka yake da jika. Wane kaka ne zai zauna gaban baƙi yana yabon jikarsa? Ga Hajara kuma zaune tana kallona, fuskarta duk tsoro, na ce bari in sa ta dariya. Na gyara zama, na zaɓo kalmomi masu nauyi, na ce, "Wannan matsoraciyar? Ranar Layya ana kwantar da rago take shigewa ɗaki. Da ta ga jini sai amai. Raguwa ce ta ƙarshe, mu ne dai muke tura ta."

Na jira dariya. Ba wanda ya yi. Sai ƙarar injin matar nan kawai. (Allah ya rufa asiri ban ce amaryata ce ba, kamar yadda nake kiranta a gida.)

Lauyanmu ya dafe kai, ya ce da Hausa, "Alhaji, ka kashe mu."

Na ce wasa ne, al'adarmu ce. Lauyar ta tambaya a natse, "Wato ƙarya ka faɗa bayan ka yi rantsuwa?" Ni kuwa ban taɓa amsa sunan maƙaryaci ba, kuma maganar ragon ta faru, tana 'yar shekara shida. Girman kai ya sa na ce, "Ban yi ƙarya ba."

Ƙarar ta faɗi. Lauyan ya ce sharaɗin da Hajara ta sa wa hannu ne ya kayar da mu, ba bakina ba. Amma na karanta takardun da idona, maganata tana ciki, ba murmushi, ba murya, an ja mata layi.

Yanzu Hajara tana aiki a wani kantin magani a Port Richmond, tana miƙa wa mutane abin da likitoci suka rubuta. Ba ta taɓa yi mini gori ba. Kullum takan durƙusa ta ce, "Ina kwana, Alhaji," kamar ta ga baƙo. Da zagina ta yi, da na fi samun sauƙi.

Na koyar da dubban yara cewa su fahimci tambaya kafin su amsa. Sai da na haura saba'in na gane cewa takarda ba ta san wasa ba, kuma tsohon da aka yabi Turancinsa, ya kama bakinsa.