Ganuwar da Na Gano a Ƙofar Marke

Ba zan taɓa mantawa ba, kuma ko na so in manta, mutanen Ƙofar Marke ba za su bar ni ba. Ina nufin Asabar ɗin nan da na zama jagoran masu yawon keke a cikin Sakkwato, na fito da safe ina ji da kaina, na koma gida da azahar ina neman inda zan sa fuskata.

Ni malamin tarihi ne a wata makarantar sakandare, ina zaune a Dundaye. Akwai wata cuta da na daɗe da sanin ina da ita: in na san abu ɗaya sai in ji kamar na san goma, in kuwa na samu masu saurare, to sai dai ƙararrawa ta raba mu. Abokin aikina Malam Yohanna, mai koyar da kimiyya, shi ya jefa ni cikin wannan lamari. Iyayensa daga Filato suka zo aikin gwamnati, amma shi a nan aka yanke masa cibiya, Sakkwatancinsa ma ya fi nawa kauri. Yana da wasu abokai da suke hawan keke duk Asabar don motsa jiki. Wata rana a ofishin malamai ya ce mini, "Malam, mun gaji da zagaya titi awa masu neman ɓatacciyar akuya. Asabar mai zuwa muna son mu bi ƙohohin gari, mu tai har Giginya inda anka gwabza da Turawa. Kai za ka ba mu labari."

Kafin ya rufe baki na ce na yarda. (Rabona da keke tun ina aji uku na sakandare, amma wannan ban faɗa masa ba.)

A lokacin kuwa akwai maganar da ta fi keke muhimmanci a rayuwata. Ina neman auren Luba, 'yar Alhaji Ummaru, wani dattijo mai fataucin shanu a Ƙofar Marke, kuma an tsayar da cewa kawunnaina za su je wurinsa Juma'ar da ke biye da wannan Asabar. Alhaji bai ce e ba, bai ce a'a ba, cewa ya yi yana bincike. Sau ɗaya tak na taɓa gaishe shi, a zaurensa, cikin babbar riga, kaina a sunkuye, muryata kamar ta marar lafiya. Luba ta sha gaya mini, "Baba mutum biyu na ba shi so: wanda ba shi gaida manya, da mai hwaɗin abin da bai sani ba." Na ce mata ta kwantar da hankalinta, ai ni malami ne.

Ranar Alhamis bayan an tashi daga makaranta na hau babur na bi hanyar don in shirya. Damuwata ɗaya ce: ganuwar Sakkwato a littafi kawai na san ta. Ƙofofi suna nan da sunayensu, amma ita kanta ganuwar gidaje da tituna sun cinye ta, ni kuwa ina son abin da zan nuna da yatsa. Ina cikin kutsawa lungunan Ƙofar Marke, ta wani ɓangaren da ban taɓa bi ba, sai ga wani tsohon bangon ƙasa, ja, mai kauri, ruwan sama ya zaizaye kansa. A jikinsa ga ramuka sun kai goma a jere, sama kaɗan da tsayin mutum. Na taka birki cike da murna. Ban tambayi kowa ba. (Me zan tambaya, ni da ke da digiri?) Nan take na yanke hukunci: wannan ragowar ganuwa ce, ramukan nan kuwa na harsashin Turawa ne. Har na isa Dundaye ina tsara yadda sunana zai fito a jarida.

Asabar da sassafe Malam Yohanna ya aro mini keke, ya kuma ba ni kayan hawa: hular kwano, baƙin tabarau, 'yar riga, da wani gajeren wando mai ɗame jiki wanda ko ni kaɗai a ɗaki sai na rufe ƙofa zan sa shi. Na ɗora doguwar rigata a kai, ya ce kaca za ta cinye ta, dole na tuɓe na cusa a jaka. Sai ya miƙo mini ƙaramar lasifika. Ai kuwa ina riƙe ta na manta da maganar wando.

Mun kai mu goma sha biyar: malamai, ma'aikatan asibiti biyu, wani tela, da ɗaliban jami'a maza da mata. Jama'a, hawan keke da sanyin safiya a garin nan daɗi gare shi! Da farko keken ya yi ta rawa da ni, saura kaɗan in rungumi teburin wani mai shayi, amma ashe ƙafa ba ta manta feda. Muka bi titi a jere muna kaɗa ƙararrawa, ƙamshin ƙosai da masa yana bin mu, 'yan kabu-kabu suna yi mana tsiya wai fetur ne ya gagare mu. Garin da nake ratsawa kullum a guje kan babur, ran nan na gan shi sosai: masu jima suna shanya jajayen fatu, maƙera sun fara hura wuta, tsofaffin ƙyamaren gidaje da ban taɓa lura da su ba. Ji nake kamar yau na zo Sakkwato.

A Giginya na yi jawabin da har yau nake alfahari da shi. Na ba su labarin yadda mutanen gari suka fito bayan gari da takubba da masu da kwari da baka, suka tsaya gaban bindigogin da ba su taɓa ganin irinsu ba, da yadda kafin rana ta take al'amari ya ƙare. Tela ya cire hularsa ya share ido. Daga nan muka zaga ta Ƙofar Kware da Ƙofar Rini, ina bayani, ana tafi, ana ɗaukata a waya. Kaina ya kumbura har hular kwanon ta fara matse ni. Na ce musu su adana mamakinsu, babban abin yana Ƙofar Marke.

A bakin lungun akwai inuwar bishiyar dogon yaro, dattawa huɗu ko biyar suna zaune kan tabarma. Duk ɗan garin nan ya san ƙa'ida: ba a ratsa majalisar manya a kan abin hawa, sai ka sauka, ka tura da hannu, ka rusuna ka gaishe su. Na san da haka sarai. Amma na dubi cinyoyina a waje, na ce da wannan wandon ba zan tsuguna gaban kowa ba. Na kawar da kai, na danna feda, har da kaɗa ƙararrawa na wuce. Da na waiga, Malam Yohanna ya sauka, ya cire hula, yana ta "Ina kwananku, Baba, an tashi lahiya?" sauran kuma duk sun bi sahunsa. Ni kaɗai na wuce, ni jagora. Maimakon in ji kunya sai na kunna lasifika na ce a hanzarta, lokaci yana tafiya.

Da suka taru gaban bangon na gyara tsayuwa, na sauya murya zuwa Hausar rediyo. "Jama'a, abin da kuke gani a gabanku ragowar ganuwar Sakkwato ce, wadda masana suka ɗauka ta ɓace. Ku dubi ramukan nan. Kun ga yadda suka jeru? Aikin bindiga mai ruwa ne, wadda Turawa suka zo da ita." Wata ɗaliba ta dafa bangon a hankali tana salati. Tela ya ce a ɗauke shi hoto ƙarƙashin rami na uku. Ni kuwa abin ya yi mini daɗi, na shiga ƙara gishiri: na nuna inda maharba suka laɓe, na nuna inda aka ja waɗanda suka ji rauni, har na ce duk wanda ya shaƙi iskar wurin zai ji warin tarihi. (Wari kam akwai shi. Daga baya na san na mene ne.)

Sai na ji murya a bayana: "Yaro, wa ab ba ka labarin ga?"

Ko waigawa ban yi ba. Na ɗaga hannu yadda nake yi wa 'yan aji, na amsa ta cikin lasifika: "Baba, a yi haƙuri, tambayoyi sai an gama bayani. Wannan bincike ne na ilimi."

"To, madalla. Mai binciken ilimi, juyo in gan ka."

Na juya. Alhaji Ummaru ne, da sandarsa da carbinsa, sauran dattawan majalisar suna biye da shi. Lungun da na ɗauka baƙo ne, ashe bayan gidansu Luba ne. Ni kullum ta ƙofar gaba nake zuwa, ta bakin titi. Fatana ɗaya kawai, hula da tabarau su rufa mini asiri.

"Bangon ga," in ji Alhaji, yana ƙwanƙwasa shi da sanda, "ni nig gina shi da hannuna, shekarar da anka haihi ɗana na hwari. Turken shanuna na ciki. Ramukkan ga kau na azarar rumhwa na, wadda iska tak kwashe bara waccan. In Turawa sunka harbe shi, to ba ni gida ran nan."

Kamar an haɗa baki da shi, wani sa ya yi kuka daga bayan bangon. Ɗalibar nan ta janye hannunta ta shinshina. Dariya ta ɓarke, tela har da zama a ƙasa. Sannan daga cikin gidan, ta saman bangon, na jiyo dariyar mata. Ashe lasifikar ta kai musu komai tun daga farko. A cikin dariyar akwai wadda ko a tsakiyar kasuwa na ji ta zan gane.

"Cire kwanon ga da tabarau," Alhaji ya ce. "Muryag ga kamar na san ta."

Na cire. Na tuɓe takalma, na tsuguna a cikin wandon da na rantse ba zan tsuguna da shi ba, ina jan 'yar rigar da ba ta kai ko'ina ba. Na ce, "Ina kwana, Baba." Ashe ban kashe lasifikar ba, gaisuwar ta karaɗe unguwa.

Alhaji ya dube ni daga sama har ƙasa, ko murmushi bai yi ba. "Au, Malam na? Lahiya lau. Ashe ka iya gaisuwa. Ɗazu da kaw wuce mu da ƙararrawa, na aza Bature na yad dawo."

A raina na ce shi ke nan, Luba ta tafi. Wallahi idona ya kawo ruwa, kuma ba dariyar mutane ta sa ba, sanin cewa da hannuna na yi wa kaina ne.

Malam Yohanna ne ya ceci yawon. Ya rusuna ya ce, "Baba, tunda mun ɓace hanya, ku nuna muna ta gaskiya." Alhaji ya ce mu turo kekunanmu. Ya shige gaba da sandarsa, muna biye kamar shanunsa, ni a can ƙarshe na samu na zura doguwar rigata. Ya nuna mana inda manyansa suka ce ganuwar ta bi, yanzu layin shaguna ne da kwata. Ya tsaya a wata mararraba ya ce nan kakarsa ta bi ranar yaƙin, tana ƙaramar yarinya, uwarta na janye da ita, sun bar tukunya a kan murhu. Sun yi kwanaki a ƙauye kafin su dawo. Suka tarar da tukunyar tana nan inda suka bar ta, amma mahaifinta da ya fita Giginya da safen nan bai dawo ba. "Har tab bar duniya," in ji Alhaji, "ba ta son jin ko bindigar biki." Babu lasifika a hannunsa, amma ba wanda ya yi ko tari. Ni mai digiri na zaro takarda ina rubutawa.

Da za mu rabu na sake tsugunawa, ya amsa da kai kawai. Kwana shida na yi abinci ba ya wuce mini. Luba kuwa duk lokacin da na kira ta sai ta fashe da dariya ta kashe wayar, ban san ko ta ban kwana ce ba.

Ranar Juma'a kawunnaina suka tafi, ni ina Dundaye ina safa da marwa a tsakar gida. Bayan la'asar babban kawuna ya dawo, ya zauna, ya nemi ruwa, ya sha a hankali kamar ba shi da labari. Sai da ya ga na kusa suma sannan ya ce, "Alhaji ya ce a gaya maka laihinka biyu. Na rashin gaisuwa ka biya, tunda unguwa duk ta ji ka. Na biyu kau, ya ce mutumin da yad dubi bangon shanunai yag ga ganuwa, in an ba shi ɗiya ba shi raina ta. Ya ba ka."

Ihun da na yi sai da maƙwabta suka leƙo.

Darasin dai na koye shi da tsada: in ka shiga unguwa ɗauke da ilimin littafi, fara sauka ka gaida masu zaman tabarma. Sallamar minti biyu da tambaya ɗaya sun isa a gaya mini bangon na shanu ne, a hankali, ba tare da shaidu ba. Sai dai kuma wani lokaci nakan zauna in yi tunani: da na tambaya, ban san abin da Alhaji zai gani a jikina har ya ba ni 'yarsa ba.