Layun Dodon Dodanni

Duk faɗin birnin Osaka na ƙasar Japan babu jarumi kamar Udagawa, shugaban sashen da ke haɗa wasan kwamfuta na ban tsoro. Shi ya faɗa da bakinsa, wa zai musa? Ma'aikatansa Dodon Dodanni suke ce masa a bayan ido. Da ya ji, sai ya ɗauka kirari ne, har ya sa aka buga masa a jikin kofin shayi.

Wasan nasu ya kai kashi na huɗu. Ƙauyen masunta ne da kowa ya watse, sai kai kaɗai da 'yar tocila, ba bindiga ba sanda, kana neman ƙanwarka da ka bari ta nutse a teku. In fatalwarta ta tare ka ba a gudu, rusuna mata ake yi ko ta yafe. Shirakawa mai haɗa sauti ce ta ƙago wannan duka. Udagawa kuwa ya ba da tasa gudummawar ta gyaɗa kai.

Kamar kullum, kafin a taɓa aikin fatalwa, ma'aikata suka ɗunguma ɗakin bauta aka kaɗa musu sandar farar takarda don korar sharri. Kowa ya je ban da gogan naka.

"Ni? Ni da na haifi tsoro na yi masa wanka? Fatalwa in ta gan ni ita ke neman tsari!"

Ranar nuna wasan ga 'yan jarida, da rana tsaka, aka ɗaura masa abin auna bugun zuciya, lambar tana fitowa ɓaro-ɓaro a babban allo. Dodo ya gyara kwat, daɗi ya kwashe shi.

"In lambar nan ta haura ɗari, na bar wa Shirakawa kujerata. Ku rubuta!"

Suka rubuta. Abin da ya manta bai faɗa musu ba shi ne, bai taɓa wuce ƙofar farko a wasan ba.

Ya shiga ƙauye, lamba tamanin. Tocila ta fara kyafta ido, casa'in da biyar.

"Zafin fitilun nan ne," in ji jarumi.

Sai ƙofar takarda ta zuge da kanta. Aka ji jiƙaƙƙun ƙafafu caɓal-caɓal a kan tabarma, wata siririyar murya ta ce, "Yaya, sai yanzu?"

Ɗari da arba'in! Maɓallin rusunawa na nan ƙarƙashin babban yatsansa, amma ina! Dodo ya yi jifa da abin sarrafa wasan, ya miƙe zumbur, ya rusuna wa allo har goshinsa na neman gwiwa.

"Ki yafe ni! Ba ni ba ne, Shirakawa ce!"

Nan aljihun kwat ya yi amai. Ƙullin gishirin tsari ya fashe, layu masu jakar alharini suka watsu a dandamali, duk da tambarin ɗakin bautar nan da ya raina. Ashe ya saci jiki ya je, ya ce a ba shi ɗaya daga kowane iri. Ɗaki ya ɗauki dariya, masu hoto har ture juna suke.

Sabuwar shugaba Shirakawa ta durƙusa cikin ladabi tana tsince masa ɗaya bayan ɗaya, tana karantawa.

"Ta tsarin haɗarin mota. Ta cin jarrabawa. Ta samun miji." Ta miƙa masa ta ƙarshe da hannu biyu. "Wannan kuma ta masu juna biyu ce, ranka ya daɗe. Wata nawa ne?"