Ranar da Kotu ta Tabbatar da Girman Ɗan Gwaggona

Duk wanda ya ce gwamnati da ƙafafunta take tsaye, bai san ɗan gwaggona ba. Shi ne ginshiƙin. In ya yi mura, ma'aikatar gaba ɗaya ce ke atishawa. Mu a gida Sirrin Gwamnati muke kiransa, don ko ƙarfe nawa ka tambaye shi sai ya rage murya ya ce, "Ba a faɗin irin wannan a waje."

In ka ji ta bakin maƙiya, wai masinja ne. Wai benci gare shi a ƙofar ofishin darakta, a danna ƙararrawa ya zabura, ya kai fayil, ya haɗa shayi. Hassada ce zalla. Ni da na gudu daga makaranta tun kafin a iso lissafin rabawa ma na san mai biro uku a aljihun gaba ya wuce masinja. Shi da bakinsa ya yi mana bayani: "Ni Mashawarci na Musamman ne. Darakta ba ya sa hannu sai na shiga." Ba ƙarya ya yi ba, tunda shi ke shiga da takardar.

Sama da shekara talatin ya yi yana gyara bakin jama'a. Sabon ma'aikaci ya kuskura ya ce "masinja", shayinsa ba zai sake zuwa da zafi ba. Maigadi, direbobi, mai shara, kowa ya haddace "Mashawarci". Surukansa kuwa, har yau in ya je gidansu kujera mai hannu ake jawo masa.

Sai ritaya ta zo. Ya je neman fansho, aka ce fayil ɗinsa na cikin waɗanda yoyon rufi ya jiƙa, gara ta ƙarasa. Aka tambayi mutanen ofis aikinsa, kowa ya amsa kamar yadda aka koya masa. Ofishin fansho suka ce madalla: mashawarci ɗan rakiya ne, darakta ke zuwa da shi ya tafi da shi, ba fansho ba garatuti. Masinja ne ma'aikacin dindindin. Ga shi bawan Allah ba gona, ba shago, ba ko akuya. Fanshon nan shi ne tukunyar gidan.

Ya kai ƙara. Lauyarsa, wata baiwar Allah mai haƙurin raƙumi, ta zaunar da shi ta ce, "Baba, kalma ɗaya nake roƙo. In an tambaye ka aikinka, ka ce masinja. Sauran ka bar mini."

"'Yata, kwantar da hankalinki. Daraktoci bakwai na koya wa magana."

Ranar shari'a matarsa ta roƙe shi su je su biyu kawai. Ina! Ai babban mutum ba ya zuwa kotu kamar ɓarawon kaza. Ya ɗauko hayar bas, ya cika ta da dangi, ya jera surukai a layin gaba. Ya sa kwat ɗin da kafaɗunta suka riga shi shiga ɗaki, ya riƙo jaka mai makulli. Na taɓa leƙa jakar nan: mataji ne a ciki da maganin ciwon baya.

Lauyan gwamnati, wani siriri mai murmushin kyanwa, ya taso har da ɗan rusunawa.

"Ranka ya daɗe, a gafarce ni, tambayar ta fi ƙarfin bakina. Wasu marasa kunya suna cewa wai mutum irinka shayi yake haɗawa."

Lauyarsa ta ɗaga masa gira har ta kusa haɗewa da gashin kanta. Matarsa na motsa leɓe daga nesa. Shi kuwa ya dubi babban surukinsa, ya gyara wuyan kwat, ya yi gyaran murya irin ta masu buɗe taro.

"Ya mai shari'a, a rubuta. Ni ban taɓa riƙe buta da sunan aiki ba. In an gan ni da faranti, dabara ce ta shiga taron sirri. Babu wata shawara da aka yanke a ma'aikatar nan ba na cikin ɗakin. Darakta ya zo, ni ne. Darakta ya tafi, ni ne. A daina haɗa ni da masu zaman benci!"

Lauyan gwamnati ya ce ba shi da sauran tambaya, ya koma ya zauna kamar wanda aka yi wa kyautar rago. Lauyarsa ta kifa kai a kan tebur. Dama an ce baki shi ke yanka wuya, amma ban taɓa ganin wanda ya wasa wuƙar da kansa har ya gayyato 'yan kallo ba.

Alƙali ya ce kotu ba za ta ƙaryata dattijo a kan aikinsa ba. Ta yarda mashawarci ne, kuma mashawarci ba shi da fansho. Aka kori ƙara.

Ɗan gwaggona ya fito matattakalar kotu yana ɗaga wa jama'a hannu. "Kun dai ji da kunnenku! Alƙali da kansa ya tabbatar!"

Surukai suka sulale ɗaya bayan ɗaya. Matarsa ta tsaya ta dube shi tun daga takalmi har biro na uku.

"Mun ji, Mashawarci. To, ba mu shawarar abin da za a ɗora a wuta yau."