Randar Inna da Wayar Wuta

Ko me zan manta a duniya, ba zan taɓa mantawa da ranar da na tatso ruwa daga bango a Konni ba.

Lokacin ban daɗe da gama koyon aikin lantarki ba, ina kuma neman auren Zara'u, 'yar wani Alhaji mai motocin haya. Maganar ta tsaya a wuri guda, don Alhaji ya ce sai ya ga ko sana'ata za ta riƙe iyali. Ana nan ya sayo wa Inna, mahaifiyar Zara'u, firigo na sanyaya ruwa daga Najeriya, ya aiko in ja mata wuta zuwa ɗakinta. Na ce to, faɗuwa ta zo daidai da zama.

Ɗakin na laka ne, amma an yi masa fuskar jan bulo ta waje. Alhaji ya ce, "Ɗana, ka bi da wayar ta saman taga, shi ke nan."

Ni kuwa sarkin iyawa na ce, "A'a Baba, huda bangon za a yi a sa tiyo, kada ma a ga wayar."

Ko ɗan koyo ya san kafin ka huda bango sai ka leƙa cikin ɗakin. To amma ɗakin surukar gobe ne. Ni da ko muryarta na ji sai na sake hanya, ta yaya zan kutsa mata har ƙurya? (Zara'u ma ta leƙo ta ce in shigo in duba, na ce na riga na auna da ido.)

Na kafa rodi mai tsini tsakanin bulo biyu, na fara dukansa da guduma. Rana ta yi sanyi, ƙamshin turaren wuta na fitowa ta taga, sai hankalina ya tashi sama. Na hango ni da Zara'u a gidanmu a kan hanyar Tsarnawa, fanka na juyawa a hankali, fitilu har cikin rassan darbejiya, tana miƙo mini ruwa mai ƙanƙara. Kowane duka, sai in ƙara wa gidan ɗaki. Ina cikin gina bene rodin ya wuce bulo, ya nutse cikin laka kamar cokali a tuwo. Na ji "ƙwas!"

Sai ga ruwa mai sanyi yana bin rodin zuwa hannuna. Wallahi da farko na zaci na mafarkin ne, har na yi murmushi.

Daga ciki Inna ta saki salati. "Wane na wanga? Randar da uwata ta bar min!"

Alhaji ya taso da abokansa daga inuwa, suka same ni tsugune cikin caɓi, guduma a hannu. Na so ƙasa ta tsage in shige. Ya dube ni ya ce, "Wuta muka kira ka ka jawo, kai ko ka kawo muna ruwa."

Ƙarshe dai ɗakin da na guje wa na shiga, na durƙusa gaban Inna ina tsintar tsingaron randar, ita kuma ta juya mini baya.

Auren an ɗaura, bayan Inna ta huce. Amma har gobe a gidan nan Mai Rijiya ake kirana, 'ya'yana ma sun ɗauka. Tun daga ranar, ko bangon wa zan huda, sai na yi sallama na leƙa ciki tukuna. Kunyar leƙen ɗan lokaci ce, wancan suna kuwa da shi za a binne ni.