Shaidar da Aka Ba Kuraye Ajiya

A Dajin Gwaskara, aikin ɗan sanda gadon Kuraye ne. Uba ya mutu, ɗa ya ɗauki kulki ya tsaya bakin mashaya. Duk rani sai an rasa wasu daga masu zuwa shan ruwa, duk rani kuma Kuraye na kan bincike.

Da abin ya ishi Majalisar Dabbobi, ta ce daga yanzu sai wanda ya ci jarrabawa. Za a ɗaure barewa a gindin tsamiya, mai neman aiki ya zauna gefenta da yunwarsa daga hantsi zuwa la'asar. Wadda ta yarda a ɗaure ta ita ce Kande, wadda 'ya'yanta biyu suka tafi mashaya bara ba su dawo ba.

Karnuka bakwai suka ci jarrabawar, Barmo ne kan gaba. Kuraye kuwa, tun kafin azahar aka janye kowannensu da igiya. Ko kunya babu, washegari suka shigar da ƙara gaban Alƙali Ungulu, wanda kowa ya san inda yake kalaci.

Dangoje, babban Kuraye, ya miƙe. "Allah ya gafarta Malam, an zalunce mu. Shekara arba'in muna wannan aiki, ba a taɓa tambayarmu ko za mu iya zama kusa da nama ba. Kuma wa ya ce mun faɗi?"

Kande ta matso, ta karkata wuya. "Ranka ya daɗe, ga shatin haƙorinsa nan."

Alƙali ya duba wuyan, ya daɗe yana dubawa. Sannan ya ce, "Wannan shati babbar hujja ce. An dakatar da ɗaukar sababbi, tsofaffi su ci gaba da aiki. A ƙa'idar kotun nan, duk abin da aka gabatar hujja, 'yan sanda ke ajiye shi sai zama na gaba. Tunda shatin ba ya rabuwa da wuyan, a tafi da ita."

Barmo ya zabura. "Allah ya gafarta Malam, hannun masu ƙarar za a ba ta?"

"Hannun 'yan sanda. Kai kuwa ba ka zama ba tukuna."

Aka fita da Kande tana waiwayen Majalisa. Kowa ya sunkuyar da kai.

Bayan mako biyu kotu ta zauna. Dangoje ya sanar cikin alhini cewa hujjar ta ɓace, ana kan bincike. Alƙali ya goge baki a fiffike, ya soke sakamakon saboda rashin shaida, ya ba da umarnin a sake jarrabawa a kan cancanta.

Magatakarda ya juya wajen bareyi, ya tambaya wacece za ta zo a ɗaure ta.