Don Fulgencio Ya Shayar da Gizo-gizo

Allah ya yi wa garinmu baiwa biyu: tudun da ko ciyawa ba ta yarda ta tsira a kansa, da kuma Don Fulgencio, tsohon ma'aikacin gidan waya, wanda ya san amsa tun kafin a yi tambaya.

A tudun nan akwai wani gizo-gizo mai haƙa rami, ya yi masa murfi da ƙasa, ya shige ya ja ƙofarsa. Wata malamar jami'a, Doña Maite, ta ce irinsa sai a busasshiyar ƙasa kamar tamu. Za ta dawo bayan bikin Ista ta duba ƙofofin ramukan, in sun kai ɗari a killace tudun, a naɗa masa mai gadi. Tun ranar Don Fulgencio ya naɗa kansa. Mata a bakin coci suka sa masa Sarkin Ƙofa, ya ɗauka girmamawa ce.

Kullum da safe sai ya hau tudu da takalminsa na Lahadi, ya durƙusa. Ƙofa sittin da huɗu, ba ƙari. Ya yi wa masu ramukan jawabi a kan amfanin haihuwa. Ko ɗaya bai leƙo ba.

"Ƙishirwa ce," in ji shi a shagon kofi. "Wa ya taɓa hayayyafa da busasshen maƙoshi? Wannan ilimin ba ya cikin littafi, jama'a."

Da layin ruwan lambu ya zo kan gidansa, wanda sai mako biyu yake zagayowa, ya tare shi kaf a duro, ya yi ta turawa sama a baro.

"Fulgencio, tumatirina fa?" in ji matarsa Encarna.

"Ke dai! Yaushe tumatir ya taɓa shiga tarihi?"

Kowane rami buta biyu ya sha, don shi mutum ne mai adalci.

Doña Maite ta dawo ta tarar da busasshen taɓo, murafu sun narke, saura ƙofa tara. Ta juyo ta dubi jama'a.

"Wa ya kawo ruwa nan?"

Ya gyara wuyan riga, ya matso gaba. "Ni ba mai son yabo ba ne, malama, amma tunda kin tambaya." Ya faɗi sunansa har da na kakansa, harafi bayan harafi, kada ta yi kuskure wajen rubutawa.

An dai killace tudun, don a ceci taran da suka rage. Gadi kuwa Encarna aka ba, da umarni ɗaya rak: kada ta bari mijinta ya hau. Baiwar Allah, ban taɓa ganin mai riƙon amana irinta ba.