Rigar Gimbiyar Mutuwa a Gidan Suna

Ba zan taɓa mantawa da jar rigar nan ba, ko da na so. Wata ƙawata 'yar Meziko, da muke karatun zanen katun tare a Landan, ita ta zana wata mace doguwa cikin jar riga mai jan ƙasa, da faffaɗar hula cike da kyandirori da furanni. Ta ce gimbiyar mutuwa ce a al'adarsu. Ta yi ta bayani: furannin nan ruwan goro su ke nuna wa mamata hanyar gida, kyandirori su haska musu, fuskar kuma ƙoƙon kai ne na sukari, don kada a riƙa tuna mamaci da ɗaci kawai. Ni dai gyaɗa kai nake yi, hankalina duk yana kan ɗinkin.

Na ɗau hoton zanen daga wuya zuwa ƙasa (a wautata na yanke mutuwar ke nan), na kai wa tela a Lewisham, na ce ya kwaikwaya har adon bakin rigar. Fararen ƙananan abubuwan da ke jere a wurin na ɗauka furanni ne. Ina da tabarau, amma ba na sawa, wai yana tsufar da ni.

Ranar sunan ɗan yayar saurayina a Camberwell na caɓa ado da rigar. Ranar zan fara gaida mahaifiyarsa, kuma so nake ta ce ɗanta ya iya zaɓe. Na durƙusa har ƙasa, na baza riga.

Hajiya ta amsa gaisuwa, ta kamo bakin rigar tana dubawa. Ashe likitar ƙashi ce, ban sani ba.

"'Yata, wa ya fitar miki da wannan zanen?"

"Ni na yi designing, Hajiya," na ce, har da sunkuyar da kai.

"Kin iya kuwa. Ga ramin ido, ga muƙamuƙi, haƙora ma sun cika. Ƙoƙon kan mutane kika jero mana gidan suna?"

Mai jego ta janye jaririnta. Maimakon in kama bakina, sai na ji na ce, "Na sukari ne, Hajiya."

Ta yi dariya har da hawaye, ni kuwa kunya kamar in nutse.

An dai yi auren, amma har yau a gidan ba mai kiran sunana, sai Ta Sukari. Na koyi darasi: kafin ki shara wa surukarki ƙarya, ki fara tambayar aikin da take yi.